Don Allah a warware min ma'anar "take off", ta rikita ni

Ummu_Sadiq

Assalamu alaikum jama'a, barkanmu da warhaka. Don Allah masu Turanci a cikinku ku taimaka min da take off ɗin nan. Ni dai tun muna makaranta abin da aka koya mana shi ne cire kaya, take off your shoes, cire takalminka, shikenan na riƙe a haka. To yanzu da na koma karance-karance da sauraron labarai da Turanci sai nake ta cin karo da ita a wuraren da babu ruwansu da riga ko takalmi. Ga waɗanda na kwafo:

The plane took off an hour late.
Her business really took off last year.
I'm taking Monday off.
He just took off without a word.
They took ten percent off.

Na jirgin dai na gane tashi ake nufi. Amma na kasuwancin fa, bunƙasa ya yi ko durƙushewa? don ni da na ga off sai raina ya ba ni kamar abin mutuwa ya yi, irin yadda ake kashe fitila. Sannan me ya kai Monday da ten percent tsakiyar take da off, alhali a sauran suna manne da juna? Na buɗe ƙamus na ga ma'anoni jere reras har da wata wai kwaikwayon mutum, to ina haɗin cire takalmi da kwaikwayo kuma. Abin da nake so in sani shi ne ko akwai hanyar da mutum zai bi ya riƙa ganewa da kansa, ko kuwa dole sai an zauna an haddace su ɗaya bayan ɗaya. Ina so in riƙa amfani da ita a rubutu ba tare da ina ɗar-ɗar ba. Na gode, Allah ya saka da alheri.

Tsohon_Ticha

Wa alaikumus salam Malama. Bari in fara da na kasuwancin tunda shi ya fi ɗaure miki kai: bunƙasa ya yi, bunƙasa ma ta farat ɗaya. Duk wadda aka ce miki her business took off to murna za ki taya ta.

Irin wannan haɗin shi Turawa ke ce wa phrasal verb, wato aikatau ne da wata 'yar ƙaramar kalma ke masa rakiya, in suka haɗu sai ma'anar ta tashi daga ta kowannensu shi kaɗai. Abin da nake gaya wa ɗalibai kullum shi ne, kafin ki tambayi me take off ke nufi a jimla, fara duba ko akwai abin da aikin ya faɗa a kansa, wanda a nahawu muke kira karɓau. Wannan dubawar kaɗai ta raba miki ma'anonin gida biyu, kuma kusan duk misalanki sun shiga ɗaya daga ciki.

In akwai karɓau to cirewa ake yi, an raba wani abu da inda yake manne. Take off your shoes, an raba takalmi da ƙafa. Hula, agogo, tabarau, zobe, bandeji, murfin kwalba, duk take off ne. They took ten percent off, an cire kashi 10 cikin 100 daga farashi, wato ragi aka yi. I'm taking Monday off, kin cire Litinin daga ranakun aikinki, ba za ki je ba, hutu kika ɗauka. Haka in likita ya dakatar da mara lafiya daga shan wani magani za ki ji an ce the doctor took her off the tablets, in koci ya fitar da ɗan wasa daga fili ya sa wani a ce the coach took him off at half-time, in an goge sunan mutum daga jerin sunaye a ce they took his name off the list. Ki lura a duk waɗannan babu inda aka kashe wani abu, cirewa ce kawai, abin da ake cirewar ne ke sauyawa.

In kuma babu karɓau, to shi kansa mai aikin ne ya rabu da inda yake, ya tashi kenan. The plane took off, jirgi ya rabu da ƙasa. Tsuntsu ma haka, mai tsallen nesa a wasannin guje-guje ma haka. He took off without a word, mutum ya tashi ya yi gaba ba sallama, kuma akwai gaggawa a ciki, ba a faɗinta ga wanda ya yi bankwana a tsanake ya tafi. In aka ce the thief took off when he saw the police, ai kin san ƙafa me na ci ban ba ki ba ya yi. Na kasuwancin kuma daga jirgin aka aro shi: jirgi yakan jima yana gudu a kan titinsa kamar ba zai ɗaga ba, sai can ki ga ya ɗaga hanci ya yi sama. To haka sana'a, ko waƙa, ko manhaja, ko sunan wani ɗan wasa, an daɗe ana fama babu labari sai kwatsam abu ya karɓu. Shi ya sa ba ya daɗin ji a ce abu took off slowly, yawanci really ko suddenly ko finally ne ke raka ta. Masana tattalin arziki ma sun ara, wani Ba'amurke W. W. Rostow a 1960 ya kasa ci gaban ƙasashe matakai biyar, na ukun sunansa take-off, lokacin da masana'antu suka kankama har tattalin arziki ya fara ɗaukar kansa.

Sai batun Monday da ta shiga tsakiya. In akwai karɓau, kuma suna ne, kina da zaɓi. Take off your cap daidai ne, take your cap off ma daidai ne, babu wanda ya fi wani. Amma in wakilin suna ne, wato it, them, him, her, to dole ya shiga tsakiya, babu zaɓi. Take it off, take them off. In kika ce take off it duk wanda Turanci ne harshensa zai ji ta yi masa banbaraƙwai a kunne nan take. Na hutun aiki kuwa an fi sa ranar a tsakiya, take a day off, take two weeks off, take the afternoon off, ki riƙe shi a haka ba za ki taɓa kuskure ba. In karɓau ɗin dogo ne sosai sai a bar off kusa da take don kar mai sauraro ya manta da ita, misali she took off the heavy coat she had been wearing all morning.

Kar ki manta take ba ta bin ƙa'idar ƙara ed a ƙarshe don nuna abin da ya wuce, take, took, taken ne. The plane has taken off, jirgi ya riga ya tashi.

Baban_Ikram

Malam Allah ya ƙara basira, bayani yayi kyau sosai, amma ni gaskiya inada ɗan ja. Wannan rabawar gida biyu tana aiki ne bayan mutum ya riga yasan ma'anar, sai ya waiwayo yace au ashe cirewa ce. Wanda bai taɓa jin take a day off ba in ka bashi ita haka kawai zai iya cewa an soke ranar ne ko an rage masa albashin ranar, duk ai cirewa ce. Kuma ita kwaikwayon da Malama ta tambaya ina zamu sata? she takes off her boss perfectly, akwai karɓau, amma ba cire ogan akayi ba, muryarsa da tafiyarsa take kwaikwaya ana dariya.

Ni shawarata Malama kar ki wahalar da kanki da neman dalili, harshe ba lissafi bane. Ki samu ɗan littafi ko ki buɗe waje a wayarki, duk inda kika ga take off ki kwafi jimlar gaba ɗayanta kamar yadda kikayi a sama ɗin nan, kar ki rubuta take off = kaza, jimla sukutum zaki rubuta tare da wanda ya faɗa da inda aka faɗa. In kika tara su kina maimaitawa da baki zakiga wata rana ta fito miki da kanta baki ma yi tunani ba. Yaran Turawa ai ba wanda ya zaunar dasu yace ga karɓau ga babu karɓau, ji sukayi har ya zauna.

Yar_Nahawu

Baban Ikram ka yi gaskiya a rabi, amma ban yarda a ce kar ta nemi dalili ba. Yaron Bature yana jin Turanci tun daga farkawa har barci shekara da shekaru, babba mai koyo ba shi da wannan lokacin, abin da yake da shi wanda yaro ba shi da shi shi ne yana iya gane tsari, to me zai sa ya ajiye makaminsa?

Yar'uwa ki fara gyara fahimtarki game da off ɗin kanta, don a nan rikicin ya samo asali. Off ba kashewa take nufi ba. Asalinta ita da of kalma ɗaya ce a tsohon Turanci, ma'anarta kusa da daga, wato rabuwa da wani abu, daga baya ne rubutunsu da aikinsu suka bambanta. Ko switch off ɗin da kika sani ai raba fitila aka yi da wutar da ke zuwa mata. In kika sa wannan a ranki za ki ga cut off, fall off, break off, get off, wipe off duk suna da ƙamshin abu ɗaya, wani abu ya bar jikin wani.

Kuma wallahi abin nan ba baƙo ba ne a wurinmu, mu ma muna yi, sai dai mu a ƙarshen aikatau muke sauyawa maimakon mu ƙara wata kalma. Ki duba ɗauka, ɗauke, ɗauko. Ɗauki littafin, ɗauke littafin daga nan, ɗauko min littafin. Tushe ɗaya ne amma wasalin ƙarshe ya gaya miki ina abin ya nufa, an kawar da shi ne ko an kawo shi wajenki. Zuba, zube, zubo, zubar. Fita, fito, fitar. Wannan shi ne abin da ake koyarwa da sunan giredin aikatau, tsarin da F. W. Parsons ya fitar a 1960. To aikin da e da o da ar ke yi mana shi ne kusan aikin da off, out, up, away, back ke yi wa Bature. Ɗauke ma ta fi kowace kalma kusa da take off, ɗauke ƙafarka daga kan tebur, take your feet off the table, ban iya ɗauke idona daga kansa ba, I couldn't take my eyes off him, wannan zai ɗauke miki hankali daga damuwar, it will take your mind off it. Sai dai ki lura a waɗannan ukun off tana da nata abin da ke bin ta, tebur ko mutum ko damuwa, shi ya sa a nan him da it suka zo bayanta ba tare da an karya dokar da Malam ya faɗa ba.

Inda Baban Ikram ya yi gaskiya shi ne akwai ma'anonin da suka yi nisa da gida har sai an gaya maka. Mu ma ai haka ne, ki ɗauki ci kawai: ci jarrabawa, ci amana, ci gaba, ci bashi, ci mutunci, ci sarauta, ci karo. Wanda ke koyon Hausa in ya riƙe cewa ci na baki ne kawai ya shiga uku ranar da aka ce masa wane ya ci zaɓe. Amma ba wanda zai ce masa ya haddace su a warwatse, za a nuna masa waɗanda suka shafi nasara, da waɗanda suka shafi cutarwa, sai ragowar ya riƙe su yadda suke. Haka za ki yi da take off, cirewa gida ɗaya, tashi gida ɗaya, sai kwaikwayo ki ajiye ta gefe.

Ita kwaikwayon ma ba sabuwa ba ce, ta girmi jirgin sama nesa ba kusa ba. Samuel Johnson a gabatarwar ƙamus ɗinsa na 1755 ya yi magana a kan irin waɗannan haɗe-haɗen, ya ce su ne suka fi ba baƙin harshen wahala, kuma cikin misalan da ya jero akwai take off, ma'anar da ya ba ta kuwa ita ce kwafa. Ni a ganina daga nan hanyar take, ka ɗauke hoton abu daga jikin asalinsa, daga kwafar zane ko rubutu har aka kai ga kwafar muryar mutum da motsinsa. A yau mutanen Birtaniya ne suka fi amfani da ita a hira, a rubutu na aiki imitate ko mimic za ki sa. Ki dai gane ta in kin ji, ba sai kin yi amfani da ita ba.

Masoyin_Jirage

Salam. Ni ba malamin Turanci ba ne, harkar jiragen sama ce nake bibiya, amma tunda an taɓo tashin jirgi bari in ƙara wani abu da zai nuna muku nauyin kalmar nan, don a wurin matuƙa jirgi ba kalmar wasa ba ce ko kaɗan.

Ranar 27 ga Maris 1977 jirage biyu ƙirar Boeing 747, ɗaya na kamfanin KLM ɗaya na kamfanin Pan Am, suka yi karo a kan titin tashi a filin jirgin Los Rodeos da ke tsibirin Tenerife na ƙasar Sifaniya. Mutum 583 suka rasu, har yau babu hatsarin jirgin sama da ya kai shi yawan rayuka. Dukansu ba can za su ba, bam ne ya tashi a filin jirgin Gran Canaria aka karkatar da su, ƙaramin fili ya cika da jirage har sai da aka riƙa bin ta kan titin tashin kansa don a kai ƙarshensa, ga hazo ya sauko ba a ganin nesa, hasumiyar da ke ba jirage umarni ba ta ganin jiragen su ma ba sa ganin juna, kuma filin ba shi da na'urar da ke nuna motsin jirage a ƙasa. Komai ya koma kan abin da aka faɗa a rediyo.

Na KLM ya kai ƙarshen titi ya juyo. Mai kula da hasumiya ya karanto musu hanyar da za su bi bayan sun tashi, kuma a cikin bayanin akwai kalmar takeoff, alhali ba izinin tashi ya ba su ba. Mataimakin matuƙin ya maimaita bayanin ya ƙare da cewa "we are now at takeoff". To me wannan ke nufi? Shi a cikin jirgi yana nufin mun fara tashi, don kyaftin ya riga ya saki birki. Shi kuma na hasumiya ya ɗauka cewa suke muna tsaye a wurin tashi muna jira. Ya ce OK, sannan ya ƙara da cewa su dakata zai kira su, amma a daidai wannan lokacin matuƙan Pan Am su ma suka danna rediyo suna cewa har yanzu suna kan titin, muryoyin biyu suka haɗu suka zama ƙara, na KLM OK ɗin kawai suka ji sosai. Akwai wasu dalilan da bincike ya lissafa, babba a ciki shi ne kyaftin ya fara gudu ba tare da izini ba, amma ruɗanin kalmar yana cikin abin da ya hana a farga da wuri.

Bayan wannan ne aka tsaurara ƙa'idar magana a rediyon jirage. Yanzu ba a furta takeoff sai a lokacin da ake ba da izinin tashin kansa, cleared for takeoff, ko lokacin da ake soke shi. Duk sauran magana departure ake cewa, matuƙi zai ce ready for departure, in ana so ya hau titi ya tsaya sai a ce masa line up and wait. Kuma OK ba ta cikin kalmomin da ake dogara da su, dole a maimaita umarnin da aka bayar.

Ƙaramin ƙari ga Malama, jirgi mai saukar ungulu ma take off yake yi, amma roka an fi cewa lift off ko blast off. Kishiyar take off ta jirgi kuma land ce ko touch down.

Ummu_Sadiq

Innalillahi, ban taɓa jin labarin nan ba, Allah ya kyauta. Na gode muku duka, musamman misalin ɗauka da ɗauke, ya zauna min sosai. Saura abu uku Malam in ba damuwa. Na ga Masoyin Jirage yana rubuta takeoff a haɗe ku kuma kuna rabawa, wanne ne daidai? Na biyu tunda muna cewa mota ta tashi kamar yadda jirgi ke tashi, zan iya cewa the bus takes off at seven? Na uku kuma take out fa, ita ma na ga cirewa ce, yaushe zan sa off yaushe zan sa out?

Tsohon_Ticha

Babu damuwa ko kaɗan Malama, tambayoyin nan su ne ainihin inda ake tuntuɓe.

Na farko duka daidai ne, aikinsu ne daban. In aikatau ce a rabe ake rubutawa, the plane will take off soon. In suna ce, wato shi tashin kansa, sai a haɗe, Amurkawa sun fi rubuta takeoff, mutanen Birtaniya kuma take-off da ɗan karan tsakiya. Fasten your seat belt before takeoff. A baki ma akwai bambanci, in aikatau ce ƙarfin murya a kan off yake, in suna ce a kan take yake. Sunan ba ya sauyawa zuwa took, kuma ba a raba shi da komai.

Na biyu a'a, kar ki faɗa. Nan ne Hausa ke ja mu, don tashi ɗaya ta ishe mu ga jirgi da mota da taro da kasuwa. Bas da jirgin ƙasa leave ko depart suke yi, the bus leaves at seven. In ku ne matafiyan kuna kama hanya set off za ki ce, we set off early. In kika ce the car took off za a fahimce ki, amma hoton da zai zo wa mai sauraro shi ne mota ta fizga a guje, irin wadda ta buge wani ta tsere. Taro in ya tashi kuwa the meeting ended ne, in kika ce the meeting took off sai a ɗauka armashi ya yi.

Na uku shi ma tarkon cire ne, tunda ita ke mana aikin duka biyun. Ki tambayi kanki abin a kai yake ko a ciki. In a kai yake ko a jiki, off. In a ciki yake, out. Murfi kina take off ɗinsa daga kan kwalba, abin da ke cikin kwalbar kuma take out. Tabarau take off, amma ɗan gilashin nan da ake mannawa a cikin ido take out ake ce masa. Likitan haƙori takes out a tooth, kuɗi daga aljihu ko daga banki take out, batir daga cikin rimot take out. In kuma ɗauke abu aka yi aka tafi da shi wani wuri, take away.

Sai abu biyu da nake yawan gyarawa a rubutun ɗalibai, tunda kin ce rubutu za ki yi. Off ita kaɗai ba ta zama aikatau a wannan ma'anar, off your shoes ba jimla ba ce a daidaitaccen Turanci, sai kin sa take. Sannan kishiyar take off ta tufafi put on ce ba wear ba. Put on shi ne sakawar, wear shi ne kasancewa sanye, kamar bambancin ya sa riga da yana sanye da riga. Don haka in za ki ce wa yaro ya sa takalmi yanzu, put on your shoes za ki ce, in ya dawo ki ce take them off.

A takarda ta ofis kuma ki duba wa kike rubuta wa. Zuwa ga abokiyar aiki I'm taking Monday off ya wadatar. In takardar neman hutu ce zuwa ga shugaba to I would like to request leave on Monday ta fi dacewa, haka a rahoto remove ta fi take off, deduct ta fi ta in ana maganar kuɗi. Ta jirgi ce kawai ba ta da wata ta manya da za ta maye gurbinta, ko a rahoton hukuma the aircraft took off ake rubutawa, don depart na iya nufin lokacin da jirgi ya bar inda fasinja suka hau, wanda ya kan riga ainihin ɗagawarsa daga ƙasa da mintoci.